Wa da Ƙanwa: Zumunta a Fim ɗin Tamil na Kizhakku Cheemayile da kuma a Gabashin Sakkwato

1.0 Gabatarwa

Tun cikin shekarun 1950, lokacin da 'yan kasuwa Kwarori suka fara shigo da finafinan Indiya gidajen silima na Arewacin Nijeriya, Bahaushe ya karɓe su hannu biyu. Masana irin su Brian Larkin, a maƙalarsa ta 1997, da Abdalla Uba Adamu a rubuce-rubucensa masu yawa, sun yi bayanin dalilan wannan karɓuwa, musamman ta fuskar soyayya da auren dole da waƙa da rawa. Amma akwai wani jigo da bai sami irin wannan kulawa ba, watau zumuntar da ke tsakanin wa da ƙanwarsa bayan ta yi aure.

Wannan jigo ya fi ƙarfi a finafinan Kudancin Indiya, waɗanda ake yi da harsunan Tamil da Telugu. A da, finafinan Bombay na harshen Hindi ne kusan kaɗai suke isowa ƙasar Hausa. Daga shekarun 2010, da kamfanoni irin su Algaita a Kano suka shiga ɗora muryoyin Hausa a kan finafinan Indiya, sai na Kudu suka cika kasuwa, har suka kai garuruwa irin su Wurno da Rabah da Goronyo ta hanyar shagunan tura finafinai a waya. Manufar wannan maƙala ita ce a ɗauki fim guda wanda ya fi fito da jigon fili, a bayyana tsarin dangantakar da aka gina shi a kai, sa'an nan a gwada shi da tsarin Hausawa da Fulanin gabashin Sakkwato. Abin da za a nuna shi ne, al'ummomin biyu sun ajiye matar aure tsakanin gida biyu, kuma sun mai da ɗan'uwanta gadar da ke haɗa gidajen, amma hakkin da kowace al'umma ta ba shi ya bambanta, kuma wannan bambanci yana kwance a cikin sunayen dangi na harsunan biyu.

2.0 Fim ɗin da Asalinsa

Kizhakku Cheemayile, wanda ma'anarsa ita ce "A Ƙasar Gabas", ya fito a shekarar 1993. Bharathiraja ne ya ba da umarni, A. R. Rahman ya yi kiɗa, Vairamuthu ya rubuta waƙoƙi. Bharathiraja mutumin yankin Theni ne, yamma da birnin Madurai a jihar Tamil Nadu, kuma an san shi da fitar da fim ɗin Tamil daga ɗakunan ɗaukar hoto na birni zuwa ƙauye tun daga fim ɗinsa na farko a 1977. A shekarar 1994 aka sake yin labarin da harshen Telugu da sunan Palnati Pourusham.

Ga labarin a taƙaice. Mayandi, wanda Vijayakumar ya fito a matsayinsa, manomi ne mai mutunci a ƙauyensu, ba shi da abin ƙauna kamar ƙanwarsa Virumayi, wadda Radhika ta fito a matsayinta. Ya aurar da ita ga Sivanandi na wani ƙauye kusa, Napoleon ke nan. A gidan Sivanandi akwai mijin 'yar'uwarsa, Periya Karuppu, wanda yake ganin shaƙuwar wa da ƙanwa za ta rage masa fada, don haka ya shiga zuga. Sai bango ya tsage ƙadangare yake samun wurin shiga, kuma tsagar a nan ita ce girman kan Sivanandi, wanda yake ganin matarsa ta fifita wanta a kansa. Ƙaramar magana ta zama babba, har Sivanandi ya hana Virumayi zuwa gidansu, ya kuma hana wanta taka nasa gida.

Shekaru suka wuce. Pechi, 'yar Virumayi, ta girma, Sinu ɗan Mayandi kuma ya dawo daga karatu, suka so juna. Da Pechi ta balaga, Mayandi ya ɗauko kayan da al'ada ta ɗora wa kawu ya kai, aka wulaƙanta shi. Sivanandi ya yanke shawarar ba da 'yarsa ga Chinna Karuppu, ɗan 'yar'uwarsa, wanda ba shi da halin kirki. Rigima ta kai ga zare makami, Virumayi ta shiga tsakanin mijinta da wanta, saran ya same ta, ta cika a hannun wanta.

Fim ɗin yana cikin wani dogon jeri. Pasamalar na 1961, wanda A. Bhimsingh ya shirya, Sivaji Ganesan da Savitri suka fito a matsayin wa da ƙanwa, shi ne ya kafa salon, har sunansa ya zama abin kwatance ga 'yan'uwan da suka shaƙu. Mullum Malarum na 1978, na Mahendran, ya nuna Rajinikanth a matsayin wa mai taurin kai da ya reni ƙanwarsa cikin maraici. A shekarar 2021 kaɗai an sami Annaatthe da Udanpirappe, duk a kan jigo ɗaya. Labarin da aka yi shekara 60 ana maimaitawa, lalle yana taɓa wata jijiya a rayuwar masu kallonsa.

3.0 Sunayen Dangi a Harshen Tamil

Ba za a fahimci dalilin da ya sa korar Mayandi ta zama babban abin kunya ba sai an dubi yadda harshen Tamil ya kasa dangi. Wani masani Bafaranshe, Louis Dumont, ya zauna cikin al'ummar Pramalai Kallar ta yankin Madurai, ƙasar da irin waɗannan labarai suke fitowa, ya buga maƙala a 1953 da littafi a 1957. Abin da ya nuna shi ne, harsunan Kudancin Indiya sun raba dangi gida biyu: waɗanda ake ɗauka 'yan'uwa, ba aure tsakani, da waɗanda ake ɗauka surukai tun daga haihuwa. Surukuta a wurinsu abin gado ce, kamar yadda ake gadon jini.

Alal misali, 'yan'uwan uba maza ana kiransu periyappa da chithappa, watau babban uba da ƙaramin uba, 'yan'uwan uwa mata kuma periyamma da chithi. 'Ya'yan waɗannan duka yayye ne da ƙanne: annan shi ne wa, thambi ƙane, akka ya, thangai ƙanwa. Amma ɗan'uwan uwa namiji ana ce masa maama, kuma da wannan kalma ce ake kiran mijin gwaggo da uban mata ko uban miji. Haka nan 'yar'uwar uba ana ce mata athai, kalmar da ake kiran suruka da ita. Ɗan kawu ko ɗan gwaggo machan ne, kuma haka ake kiran ɗan'uwan mata da mijin ƙanwa. Harshen da kansa ya riga ya ɗaura auren kafin a haifi yaran. Ana kiran wannan hakki murai, watau abin da ya dace bisa tsari, yarinyar kuwa ana ce mata murai ponnu.

Saboda haka kawu na wajen uwa, thaai maaman, yana da aiki a kowane mataki na rayuwar 'ya'yan ƙanwarsa. A cinyarsa ake zaunar da yaro a huda masa kunne. Idan yarinya ta balaga, shi yake kafa mata bukka ta ɗanyen ganyen kwakwa, ya kawo tufafi da kayan ƙarau da abinci a faranti, ana kaɗe-kaɗe, kowa yana gani. Wannan kaya shi ake kira siir. Haka kuma a bikin Pongal na watan Janairu gidan iyaye yake aika wa 'yarsu ta aure da nata kason. Wanda ya mai da siir ɗin kawu ya shelanta wa duniya cewa ya yanke igiyar da ke tsakanin gidaje biyu, ya kuma soke auren da ake tsammani a gaba.

A nan ne gwanintar labarin take. Sinu ɗan kawun Pechi ne, Chinna Karuppu kuma ɗan gwaggonta. Duka biyu suna da murai. Ashe Sivanandi ma wa ne mai 'yar'uwa, kuma abin da yake yi wa ɗan 'yar'uwarsa shi ne abin da Mayandi yake so ya yi wa tasa 'yar ƙanwar. Rikicin na zumunta biyu ne da suka yi karo a kan yarinya ɗaya, aka bar uwarta a tsakiya.

4.0 Sunayen Dangi a Gabashin Sakkwato

Mai kallo a Wurno ko Goronyo ba baƙo ba ne ga mafi yawan wannan. Hausa ma tana bambanta babba da ƙarami, namiji da mace: wa, ƙane, ya, ƙanwa. Tana kuma bambanta dangin uwa da dangin uba. Abin lura shi ne, kalmomin da suka fi yawo a yau, watau kawu da baffa da gwaggo, daga Fulatanci aka aro su, kuma sun danne tsofaffin kalmomi irin su rafani, wanda shi ne ɗan'uwan uwa. Wannan aro shaida ce ta daɗewar cuɗanya da auratayya tsakanin Hausawa da Fulani, wadda babu inda ta kai ƙasar Sakkwato ƙarfi.

'Ya'yan wa da na ƙanwarsa, ko ɗiyan namiji da ɗiyan mace kamar yadda Basakkwace zai ce, su ne taubasai, Fulani kuma suna ce musu denɗiraaɓe. Tsakaninsu akwai wasa da ba'a wadda ba a fushi da ita. Ɗan namiji yakan kira ɗan mace bawansa cikin raha, a watan Cika-ciki kuma akan bi juna kuɗin shara. Auren taubasai yana cikin auren zumunci da iyaye suke so, kamar yadda Baba ta Karo ta bayyana a tarihin rayuwarta da Mary Smith ta buga a 1954. Haka nan mace takan koma gidan iyayenta goyon ciki da wankan jego a haihuwar fari, kamar yadda matar Tamil take komawa bayan bikin sa awarwaro da ake yi mata a ƙarshen ciki. Idan zama ya yi tsami ta yi yaji, gidan uba ko gidan wa take nufa, can miji zai je biko. Gwaggo takan ɗauki 'yar wanta riƙo, kawu yakan ɗauki ɗan ƙanwarsa ya sa shi karatu ko sana'a. Duk wannan ya sa hawayen Virumayi ba ya bukatar tafinta.

Sai dai Hausa tana da wata rabuwa da ta fi damun Bahaushe, wadda auren mace fiye da ɗaya ya haifar: ɗan uwa da ɗan uba. Kalmar ɗan'uwa ta faɗaɗa har ta zama sunan duk wani makusanci da ake ƙauna, aka ce ɗan'uwa rabin jiki. Kalmar 'yan ubanci kuwa ta zama sunan gasa da hassada. Malamai sun ƙara da kalmomin Larabci, shaƙiƙi da li'abi da li'ummi, don bambanta su a wajen gado. Watau harshen Tamil ya ja layinsa tsakanin ɗan'uwa da suruki, Hausa kuwa ta ja nata tsakanin ɗakin wannan uwa da ɗakin waccan.

5.0 Inda Hanya ta Rabu

Bambanci na farko shi ne na muharramaka. A al'ummomin Tamil da dama namiji yana iya auren 'yar yayarsa, kuma dokar auren Hindu ta 1955 ta bar ƙofa ga irin wannan inda al'ada ta tabbatar da shi. A Musulunci kuwa aya ta 23 ta Suratun Nisa'i ta haramta 'yar ɗan'uwa da 'yar 'yar'uwa har abada. Don haka kawun Bahaushe uba ne, ba ya taɓa zama manemi. A ɗaya ɓangaren kuma, auren 'yar baffa, wanda Hausawa da Fulani suke yi ba tare da wata damuwa ba, a wurin mutumin Tamil aure ne tsakanin wa da ƙanwa, abin ƙyama ƙwarai.

Bambanci na biyu shi ne na walicci. A mazhabar Malikiyya, wadda ake karantawa a zaurukan Wurno da Rabah cikin Risala da Muhtasar, walicci na dangin uba ne. Ana farawa da ɗa, sai uba, sai ɗan'uwa, sai ɗansa, sai kaka, sai baffa. Wa yana iya zama waliyyin ƙanwarsa, amma ba ya cikin wannan jeri a kan 'yarta. Da a gaban alƙalin Rabah aka kai ƙarar, maganar Sivanandi ce za ta fi nauyi a matsayinsa na uba, abin da za a duba kawai shi ne ko zaɓinsa zai cutar da yarinyar. Ƙarfin kawun Bahaushe na lallashi ne da kunya da alheri. Ana jin maganarsa don ana jin nauyinsa.

Bambanci na uku shi ne na dukiya. Siir ɗin da wa yake kai wa ƙanwarsa tsawon rayuwa yana da alaƙa da cewa, a tsohuwar dokar Hindu, gonar gado ta 'ya'ya maza ce. Sai a 1989 jihar Tamil Nadu ta ba 'ya'ya mata hakki daidai da na maza a dukiyar kakanni, ƙasar Indiya baki ɗaya kuma ta bi a 2005. Kyautar wa, ke nan, tana tsaye a madadin rabon da ƙanwa ba ta samu ba. A ƙasar Hausa shari'a ta yanka wa mace rabonta, rabin na namiji, kuma sadaki nata ne. Amma a aikace sau da yawa takan bar gonarta a hannun wanta, yana nomawa yana kai mata buhu bayan girbi, ita kuma ta san tana da wurin komawa in aure ya mutu ko miji ya rasu. Ashe a nan ma akwai wata yarjejeniya da ba a rubuta ba, ƙasa a hannun wa, mafaka ga ƙanwa.

6.0 Abin da Tarihin Wurno da Rabah ya Nuna

Fim ɗin ya ginu a kan cewa miji da wa kishiyoyin juna ne. Tarihin Wurno ya ba da misalin da ya saɓa wa wannan. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, wanda ya yi mulki daga 1817 zuwa 1837, shi ya mai da Wurno ribaɗi, ya zauna a can, a can kuma aka rufe shi. Ƙanwarsa Nana Asma'u, wadda aka haifa a 1793 ta rasu a 1864, ba ɗakinsu ɗaya ba: mahaifiyar Bello ita ce Hauwa, ta Asma'u kuwa Maimuna. 'Yan uba ne a lissafin Hausa, amma babu wanda ya taɓa jingina musu 'yan ubanci. Mijinta, Giɗaɗo ɗan Laima, aminin Bello ne kuma Wazirinsa.

Zumuntar tasu ta ilmi ce da aiki. Da Bello ya rubuta Kitabun Nasiha a kan salihan mata, Asma'u ce ta mai da shi waƙa da Fulatanci da Hausa don ya isa ga matan da ba su jin Larabci. Bayan rasuwarsa ta yi masa marsiyya, ta kuma yi waƙar da ta bayyana halayensa, Giɗaɗo shi ma ya rubuta littafi a kan rayuwar Bello. Haka nan ƙanenta Isan Kware, wanda aka haifa a shekarar da Shehu ya rasu, ya mai da waƙoƙinta da dama daga Fulatanci zuwa Hausa. Ba banza ba Jean Boyd ta sa wa littafinta na 1989 suna da ke nufin 'yar'uwar Halifa.

Daɗin daɗawa, zumuntar ta wuce zuwa 'ya'ya. Aliyu Babba ɗan Bello ya zama Sarkin Musulmi daga 1842 zuwa 1859, ya zauna a Wurno, inda Heinrich Barth ya sauka a 1853. Wazirinsa shi ne Abdulƙadir, ɗan Giɗaɗo da Asma'u. Ɗan namiji yana sarauta, ɗan mace yana wazirci, watau taubasai biyu ne suke riƙe da daula. Wazirci ya zauna a wannan gida, har ya kai ga Waziri Junaidu, wanda ya rasu a 1997.

Idan aka juya ga dangin uba kuwa, sai a ga wani abu dabam. Bayan rasuwar Shehu a 1817 an sami 'yar tsama tsakanin Bello da baffansa Abdullahi na Gwandu a kan jagoranci, ba su daidaita ba sai a yaƙin Kalambaina. Haka nan Ahmadu Bello, wanda aka haifa a Rabah, jikan Sarkin Musulmi Abubakar Atiku na Rabah, ya nemi sarautar Sarkin Musulmi a 1938 tare da ɗan'uwansa Abubakar na III, jikan Mu'azu. Kakanninsu duka 'ya'yan Bello ne. Abubakar ya samu, Ahmadu ya zama Sardauna, aka yi shekaru ana zaman doya da manja kafin su shirya su yi aiki tare. Dalilin a bayyane yake. Dangin uba abu ɗaya suke gado, gona ɗaya ko rawani ɗaya, don haka dole kafaɗa ta gogi kafaɗa. Ɗan mace ba ya neman rawanin kawunsa, shi ya sa ƙaunarsu ba ta da gauraye. Abin da ya sa labarin Tamil ya zama bala'i shi ne, a tsarinsu kawu yana da abin nema a gidan ƙanwarsa, watau 'yarta, don haka yana iya karo da mijinta.

7.0 Matsalar Fassara da Halin da Ake Ciki

Daga abin da ya gabata za a ga nauyin da ke kan masu fassara. Finafinan Kudu da yawa sukan biyo ta harshen Hindi kafin su iso Hausa. A Hindi kalmar mama ɗan'uwan uwa kawai take nufi, kuma mabiya Hindu na Arewacin Indiya suna ɗaukar ɗan kawu da ɗan gwaggo 'yan'uwa ne da ba a aure. Ma'anar surukuta takan zube tun a wannan zango. Idan yarinyar Tamil ta kira saurayinta ko mijinta maama, wanda abu ne da aka saba, mai fassara ya ce kawu, sai mai kallo Bahaushe ya ɗauka ana nuna masa auren muharrami. In kuma aka bar kalmar yadda take, kunnen Bahaushe uwa yake ji. Alhali Hausa tana da kalmar da ta fi kusa, watau taubashi, wadda take ɗauke da wasa da kusanci da yiwuwar aure gaba ɗaya. Haka nan siir ya fi kusa da gara, kayan da dangin amarya suke kaiwa gidan miji, sai dai gara takan tsaya ga biki da suna, siir kuwa ba ya ƙarewa sai da rai. Malamin da ke koyar da fassara ko al'ada zai sami darasi mai kyau in ya sa ɗalibansa su jera sunayen dangi na harsunan biyu, su nemi inda kowace kalma ta ƙi shiga ramin 'yar'uwarta.

Batun bai tsaya ga aji ba. Tun da aka kammala madatsar ruwa ta Goronyo a kan gulbin Rima a 1984, ga kuma noman rani na fadamar Wurno, shinkafa da albasa da tafarnuwa sun ɗaga darajar ƙasa. Gonar da ƙanwa take bar wa wanta ba tare da lissafi ba ta zama abin da mijinta da 'ya'yanta suke tambaya, kuma a irin wannan wuri ne masu hali irin na Periya Karuppu suke samun abin zugawa. A gefe guda kuma, hare-haren 'yan bindiga, irin na Tabanni a ƙasar Rabah a watan Yuli na 2018, da na kasuwar Goronyo a watan Oktoba na 2021 inda aka kashe mutum fiye da 40, sun raba dubban mutane da ƙauyukansu. Matar da aka kashe mijinta, ƙofar wanta take fara ƙwanƙwasawa da 'ya'yanta. Mutumin da aka ƙone rumbunsa, gidan ƙanwarsa ta cikin gari yake sauka. Wanda ya yanke zumunta a kan kadada ɗaya lokacin zaman lafiya, ya rushe mafakar da zai nema ran wuya.

8.0 Kammalawa

An ga cewa Kizhakku Cheemayile ya tsaya a kan tsarin dangi wanda ya mai da kawu suruki tun fil azal, ya ɗora masa hidimar 'ya'yan ƙanwarsa, ya kuma ba shi hakkin neman 'yarta ga ɗansa. An ga kuma cewa Hausawa da Fulanin gabashin Sakkwato sun san taubasantaka da auren zumunci da komawar mace gidansu, amma shari'a ta ajiye walicci da gado a dangin uba, ta bar wa kawu matsayin uba mai lallashi. Misalin Bello da Asma'u da Giɗaɗo ya nuna cewa wa da miji suna iya zama hannun dama da na hagu, har 'ya'yansu su gaji amincin. Ya rage ga masu nazari su tattara sunayen dangi na Sakkwatanci daga bakin tsofaffin Wurno da Rabah da Goronyo, tare da wasannin taubasai da waƙoƙin biki da ke ambaton kawu da gwaggo, tun kafin kalmomin aro na anti da onkul su haɗe dangin uwa da dangin uba a suna ɗaya. Hausawa sun ce zumunta a ƙafa take, amma ƙafa ba ta zuwa gidan da baki ya manta sunan mai shi.